Muhawara: Youssou N'Dour sha'iri ne kuma ɗan gwagwarmaya, ko ɗan kasuwa ne mai wayo?

Nura Gwallaga:
Salamu alaikum. Tun da watan Maulidi ya kama ake ta turo mana waƙar da Youssou N'Dour na Senegal ya yi wa Shehu Ibrahim Inyass, da rubutu a ƙasa wai babu sha'iri kuma ɗan gwagwarmaya kamarsa a duk Afirka. Ni dai ban ga ko ɗaya a cikin biyun ba. Mutumin da ya mallaki gidan rawa nasa na kansa a Dakar, mai suna Thiossane, inda aka riƙa cashewa har asuba, ba zai wayi gari sha'iri ba don ya yi faifai ɗaya tak. Faifan ma don kasuwar Turawa aka yi shi: kamfanin Nonesuch na Amurka ya fitar da shi a 2004 da sunan Egypt, aka ba shi kyautar waƙa ta Grammy a 2005, buƙata ta biya. Gwagwarmayar kuwa ta ƙare ran da shugaban Senegal na lokacin, Macky Sall, ya miƙa masa kujerar minista a 2012. Mai ja ya zo da hujja.

Malam Bala Kobi:
Wa alaikumus salam. Nura, magana biyu ka haɗa, mu raba su. Mu fara da faifan, domin shekarun da ka kawo sun tsallake rabin labarin. Ba a 2004 aka yi aikin ba. Tun 1999 ya fara shi, tsakanin Dakar da Alƙahira, tare da Fathy Salama da makaɗansa na Masar. Aiki ya kammala yana ajiye, sai harin 11 ga Satumba 2001 ya auku a Amurka. A lokacin nan babu abin da Turawa ke nema ruwa a jallo irin Musulmi mai suna da zai fito ya yi musu waƙar zaman lafiya. Da kasuwa yake bi, wannan ce ranar kasuwar. Sai ya ƙara ɓoye faifan, don kada a ce martani yake mayarwa. Da ya tashi saki kuma, a gida Senegal ya fara, a kaset, da sunan Sant Allah, kafin Turai ta gani.

Salon Masar ɗin ma ba don kunnen Bature ya ɗauko shi ba. An haife shi a 1959 a unguwar Medina ta Dakar, ya tashi yana jin mawaƙiyar Masar Ummu Kulsum a rediyon mahaifinsa, kamar yadda gidaje da yawa a nan suka tashi da ƙira'ar Masar. Mahaifiyarsa daga zuriyar maroƙan Tukulor take, mahaifinsa ɗan ƙabilar Serer ne da ba shi da gadon roƙo kuma bai so ɗansa ya yi waƙa ba. Shi kansa ɗan ɗarikar Muridiyya ne.

Nura Gwallaga:
Baba Malam, na ji batun shekarun. Amma ajiye faifai shekara huɗu ba ya mayar da mai gidan rawa sha'iri.

Alaramma Sani Ilela:
A nan Nura yana da rabin gaskiya, sai dai ba ta ƙofar da ya biyo ba. Ku duba abin da ke cikin faifan tukuna. Waƙoƙi takwas ne, kimanin minti 40, da harshen Wolof da ɗan Larabci jefi-jefi. Ta farko yabon Allah ce. Huɗu sun shafi Muridiyya: biyu na Shehu Ahmadu Bamba wanda ya kafa ta, ɗaya ta almajirinsa Shehu Ibra Fall, ɗaya ta birnin Tuba. Ɗaya ta Tijjaniyya ce gaba ɗayanta, ɗaya ta Shehu Ibrahim Inyass, wadda ake turo muku, ɗaya kuma ta jagoran 'yan Layen na Yoff. Wato Bamuride ne ya yabi shehunan wasu ɗariku da sunayensu, ya haɗa su da nasa a faifai guda. Wanda ya san kishin da ke tsakanin Tuba ta Muridawa da Tiwawan da Kaulaha na Tijjanawa ya san wannan ba ƙaramin abu ba ne.

To amma sha'irci a can yana da masu shi, kuma yana da tsari. Ƙasidun Shehu Bamba da Larabci suke. Masu rera su ƙungiya ce da ake kira kurel: su zauna a jere ko a da'ira, littafi a buɗe gaban kowa, ɗaya ya ɗaga murya ya kafa kari, sauran su hau kai, ba ganga ba tsirkiya. Sai mutum ya daɗe a dahirarsu, wato ƙungiyar almajirai, yana koyon karin kafin a sa shi a sahun gaba. A Tiwawan, garin Alhaji Malik Sy, daren Burda ake yi kafin Maulidi, shi ma murya ce zalla. Masu kiɗa a zikiri su ne 'yan Ƙadiriyya da tabalarsu, kwatankwacin bandirin gidan Ƙadiriyya na Kano, sai 'yan Baye Fall, mabiya Shehu Ibra Fall, da gangarsu. A cikin birnin Tuba kuwa kiɗan nishaɗi haramtacce ne, kamar taba da giya.

Youssou bai fito daga ɗaya cikin waɗannan makarantu ba. Tarbiyyar muryarsa ta maroƙa ce da ta gidan rawa: Star Band a kulob ɗin Miami yana matashi, sai Étoile de Dakar, sai Super Étoile. Saboda haka in ana nufin sha'iri irin wanda zawiyya ta raina, ba shi ba ne, bai kuma ce shi ne ba. Muridi ne mai sana'ar waƙa da ya kawo sana'arsa ƙofar shehunai.

Isiyaku Mai Situdiyo, Wunti:
Allah ya gafarta Malam, bari in shigo ta ɓangaren aiki, don masu cewa faifan kasuwa ne ba su san wahalar da ke cikinsa ba. Hanya mai sauƙi ita ce ya kira Super Étoile su buga mbalax ɗin da suka saba, wato kiɗan rawa na Senegal, ya ɗora sunayen shehunai a kai. Sati biyu ya isa. Abin da ya zaɓa ya fi wannan ciwon kai nesa ba kusa ba.

Matsala ta farko sauti ne. Fiyano maɓalli 12 gare ta a kowane zagaye, bakwai farare biyar baƙaƙe. Waƙar Larabawa tana taka wasu sautuka da suke faɗawa tsakanin maɓalli biyu. A maƙamin Rast na uku da na bakwai ne suke a tsakani, a Bayati na biyu ne. Udu, molon Larabawa, ba shi da ƙarafan da ke gicciye a wuyan jita, gogen Turawa ma haka, shi ya sa yatsa ke iya sauka duk inda ake so. Kawala, sarewar kara mai huda shida, ita ma ana karkata ta da leɓe a samo sautin. Kora fa? Ƙwarya ce babba da aka rufe da fatar saniya, tsirkiya 21 a kan jaki, 11 a hannun hagu 10 a dama, kowace tsirkiya sauti ɗaya take bayarwa, ba ƙari. In za ka canza ta, sai ka tura zoben fatar da ke riƙe da ita a wuya sama ko ƙasa, kuma da ka ja ɗaya nauyin kan jaki ya sauya, maƙwabtanta su goce. Mafita biyu ce kawai: ko mai tsara kiɗa ya rubuta wa kora hanyar da ba za ta taka sautukan tsakanin ba, ko a tsaya a sake ɗaure ta a kowace waƙa.

Ta biyu ƙara ce. Sabar gangar fili ce: itacen dimb aka fafe, fatar akuya, turaku a gefe, hannu ɗaya da siririn makaɗi. An yi ta don a ji ta daga wata unguwa. Ka sa ta ɗaki ɗaya da udu, makirfon udun sabar zai kwaso, in ka zo haɗawa ba yadda za ka raba su. Shi ya sa a faifan kiɗan fata ya koma baya, aka bar goguna suna amsa masa kamar 'yan amshi: ya ja baiti, su mayar masa da irinsa. Shi ma ya sauke muryar nan tasa mai tsini da aka san shi da ita a fagen rawa.

Masu yi wa sha'iranmu aiki a garin nan su lura, wannan matsalar ce ke ɓata mana ƙasidu. Sha'iri ya zo da karin da ya koya a zawiyya, mai sautukan tsakani, sai yaron situdiyo ya ɗora masa Auto-Tune, na'urar daidaita murya, a kan maɓalli 12. Na'ura ta riƙa fizgar muryar zuwa maɓalli mafi kusa, wani lokaci sama wani lokaci ƙasa, shi ne rawar muryar nan da kuke ji kamar mutum na makyarkyata. Gyaran: ko a kashe ta gaba ɗaya, ko a cire sautukan nan daga jerin da take gyarawa. A fiyanon kuma a shiga wurin saita sikeli a sauke maɓallin da ake buƙata da 50, wato rabin tazarar da ke tsakaninsa da na ƙasansa. Amsa-kuwwa ma a rage, don ita ke cinye ainun da ha'un sha'iri har baiti ya fita ma'ana. Bandiri kuma in damina ce a gasa fatar kafin a fara ɗauka, in ba haka ba a tsakiyar waƙa za ta saki.

Hajiya Asabe Yelwa:
Isiyaku, Allah ya yi albarka, amma bayaninka ya tono wani abu da ya kamata a tsaya a kai. Kowa ɗauka yake kiɗa ne ya sa mutanen Senegal suka juya wa faifan baya. To ga tambaya: a 1994, a faifan da ke ɗauke da waƙarsa da Neneh Cherry wadda ta zaga duniya, akwai waƙar Mame Bamba, yabon Shehu Bamba ne da jita da ganguna. Ba wanda ya tayar da jijiyar wuya. Mawaƙan mbalax kusan duka suna da waƙar shehinsu, ana taka rawa da ita a biki. Ashe da ya yabi shehi da kiɗan rawa an bar shi, da ya cire kiɗan rawar ya natsu sai aka yi masa ca. Masu shaguna suka mayar da kaset, gidajen rediyo suka ja baya, aka baza jita-jitar ƙarya cewa ya sa mata marasa sutura a bidiyon.

Dalilin a ganina uku ne, kuma ba nauyinsu ɗaya ba. Ƙarami shi ne lokaci: a watan azumi ya sake shi, watan da mawaƙan zamani a can suke ajiye kayan kiɗa, fili ya zama na masu ƙasida. Na tsakiya shi ne baƙon sauti, talaka ya sayi kaset yana jiran sabar ya ji goguna. Babban kuwa shi ne iyaka. Muddin maroƙi yana yabon shehi daga fagen rawa, kowa ya san matsayinsa, almajiri ne mai neman albarka daga nesa. Ran da ya yi faifai sukutum na addini, da natsuwa irin ta masu abin, ya tsallako gonar wasu. Mai awara a bakin masallaci ba wanda ke korar ta, amma ran da ta shimfiɗa tabarmarta a sahun farko za a tuna mata ko ita wace ce.

Wannan kuma yana rushe zancen Nura ta wani gefen. Ɗan kasuwa ba ya sakin kayan da za su ɓata shi da kasuwarsa ta gida, inda abincinsa na kullum yake.

Nura Gwallaga:
Hajiya, to me ya faru bayan Grammy a Fabrairun 2005? Waɗanda suka mayar da kaset su ne suka fito tarbarsa a titunan Dakar. Wato sai da Bature ya sa hannu sannan abin ya halatta.

Hajiya Asabe Yelwa:
Wannan laifin masu tarba ne, ɗana, ba na mai waƙa ba. Kuma ba Grammy kaɗai ba ce. A 2004 ya rera waƙoƙin a bikin waƙoƙin ibada na birnin Fas, garin da Shehu Ahmadu Tijjani yake kwance. Daga baya ya yi waƙar yabon Manzon Allah, sallallahu alaihi wa sallam, tare da Mustafa Mbaye, wanda shi sha'iri ne na gaske da masu abin suka yarda da shi. Sa hannun da ya fi amfani a gida ke nan, ɗan cikin gida ya riƙo hannunsa ya shigo da shi.

Baffa Jauro, Bajoga:
Ku yi mini uzuri in ɗan ratse. Alaramma ya ambaci 'yan Layen ya wuce, alhali mu mutanen gabas abin ya shafe mu. Jagoransu Limamu Laye masunci ne ɗan ƙabilar Lebu a Yoff, bakin teku kusa da Dakar, ya yi da'awar Mahdiyya a farkon shekarun 1880, Faransawa suka tsare shi a tsibirin Gore a 1887, ya rasu a 1909. A daidai wannan zamanin Malam Jibrilla Gaini yake kafa Bormi a nan ƙasar Gombe a kan akidar Mahadin Sudan, kuma a Bormin aka kashe Sarkin Musulmi Attahiru a yaƙi da Ingilishi ran 27 ga Yuli 1903. Iska ɗaya ce ta kaɗa daga bakin teku har kogin Gongola, sai dai ta can ba ta ɗauki makami ba. Masu tura faifan nan gaba ɗaya saboda waƙar Shehu Ibrahim su san akwai wannan waƙar a ciki, kuma abin da take yabo ba akidar Tijjaniyya ba ce.

Alaramma Sani Ilela:
Haka ne Baffa. Kuma dalilin da ya sa waƙa ɗaya cikin takwas ta fi yawo a wayoyinmu a bayyane yake. Tun haɗuwar Shehu Ibrahim da Sarkin Kano Abdullahi Bayero a aikin Hajjin 1937 hanyar Kaulaha ta buɗe, har ya zama mabiyansa a Najeriya sun fi na Senegal yawa. Garin da yake da zawiyyar Shehu Ɗahiru Usman Bauchi ba sai an yi masa tallar waƙar da ta ambaci Barhama ba. A Dakar kuwa waƙoƙin Bamba ne a gaba.

Nura Gwallaga:
To mu koma rabi na biyu, inda na fi ƙarfi. Yaushe ya fara faɗa da gwamnati? Yana da jaridar L'Observateur da rediyon RFM tun 2003. Ya nemi lasisin talabijin, gwamnatin Abdoulaye Wade ta yi ta ja masa rai. A cikin wannan rigimar ce ya kafa ƙungiyarsa ta Fekke Ma Ci Boole a 2010, a shekarar kuma talabijinsa TFM ta fara aiki. Wato sai da aka taɓa aljihunsa. Ku gwada shi da yaran Y'en a Marre, mawaƙan gambara na Kaulaha da 'yan jarida da suka taso a Janairun 2011 saboda ɗauke wuta. Su suka bi unguwa-unguwa suna sa matasa yankar katin zaɓe, suna cikin waɗanda suka cika ƙofar majalisa ran 23 ga Yuni 2011 har Wade ya janye ƙudurin da zai ba shi damar cin zaɓe da kashi 25 cikin ɗari. An kama wasunsu, an daka. Da aka ci zaɓe ba su karɓi minista ba. A nan Bauchi ma muna da ma'auni: Malam Sa'adu Zungur ya yi waƙa, ya yi siyasa, ya rasu a 1958 ba shi da gidan rediyo ba shi da kujera.

Malam Bala Kobi:
Ka fara ƙirga daga 2010 don ya yi maka daidai. A 1985 ya shirya taron waƙa a Dakar na neman a saki Mandela, Mandela na kurkuku, shi kuma yana ɗan shekara 25 ko 26, ba jarida ba rediyo. A 1988 ya bi zagayen Amnesty International na cikar shekara 40 da sanarwar haƙƙin ɗan Adam, wasa 20 cikin mako shida tare da Sting da Bruce Springsteen da Tracy Chapman da Peter Gabriel, har Harare da Abidjan. Za ka ce wannan ya ƙara masa suna, na yarda. To ga wanda ya rage masa kuɗi: a Maris 2003 ya soke rangadin da aka shirya masa na birane sama da 30 a Amurka ta Arewa, don bai yarda da yaƙin da za a kai Iraƙi ba. An kama dakuna, an fara sayar da tikiti, makaɗansa na jiran albashin makonni. Mawaƙin Afirka da ya yi wa masu shirya wasa na Amurka haka ya san ba lallai su sake kiransa da wuri ba.

Hajiya Asabe Yelwa:
A ƙara da Set-Setal, yunƙurin matasa na tsaftace unguwanni, ko da yake a nan sai an yi adalci ta kowane gefe. Bayan rikicin zaɓen 1988 da tashin hankalin Senegal da Muritaniya na 1989, Dakar ta cika da shara, gwamnati na tsuke bakin aljihu. Wajen 1990 matasan unguwanni suka tashi da kansu, waƙarsa Set ta zama takensu. Yadda suke yi: ƙungiyoyin ƙwallon unguwa, waɗanda dama suna da shugaba da ma'aji, su ne ginshiƙi. A tara kuɗi gida-gida da wurin masu wucewa, a sayi tsintsiya da shebur da fenti, a yashe kwata, a kwashe bola, a shafe gefen titi, sannan a zana hotunan shehunai da gwaraza a bango don kunya ta hana mutum zubar da shara ko tsugunawa a wurin. Dabarar zanen ta yi aiki. Inda abin ya karye shi ne bayan an tara sharar: matasa na iya kai ta bakin titi, amma ɗauke ta zuwa bayan gari aikin mota ne, mota kuma ta hukuma ce. In ba ta zo ba, ruwan farko zai mayar da komai cikin kwatar da aka yashe. Haka ƙarfin abin ya yi ta raguwa. Ba shi ya ƙirƙiro ta ba, ba kuma zai iya raya ta da waƙa ba. Ya dai ba ta murya a lokacin da take buƙata.

Barista Hauwa, Fadaman Mada:
Ina so in gyara yadda ake ba da labarin 2012, don mutane na cewa kawai an hana shi takara. A Senegal, ba kamar Najeriya ba inda dole sai jam'iyya ta tsayar da kai, mutum na iya fitowa shi kaɗai. Sharaɗin a lokacin: sa hannun masu katin zaɓe 10,000, daga aƙalla jihohi shida, kowace jiha aƙalla 500, da kuɗin ajiya sefa miliyan 65. Ya bayyana takararsa ran 2 ga Janairu, Majalisar Tsarin Mulki ta yanke hukunci ran 27. Kwana ashirin da 'yan kai ke nan na tattara sunaye, ba tare da jam'iyya mai rassa a ƙauyuka ba. Ya miƙa 12,936, aka amince da 8,911.

Ku duba lissafin. Rarar da ya bari ba ta kai 3,000 ba, abin da aka zubar ya kusa kashi ɗaya cikin uku. Duk mai tara irin wannan takarda ya san inda take mutuwa: lambar kati da aka kwafe ba daidai ba, sunan da rubutunsa ya saɓa da na rajista, mutum ɗaya ya sa hannu sau biyu, masoyin da ya sa hannu alhali bai taɓa yin rajista ba. Taron masoya waƙa ba taron masu kati ba ne. Mai hankali yakan kai ninki biyu na abin da aka nema, kuma ya tantance da kansa kafin ya miƙa. Ta wannan gefen akwai gaggawa da rashin shiri.

Ta ɗaya gefen kuma, alƙalan Majalisar su biyar duk shugaban ƙasa ne ya naɗa su, kuma a zama ɗaya suka jefar da takardarsa suka halatta wa Wade zango na uku, bisa hujjar cewa zangonsa na farko ya fara a 2000, kafin tsarin mulkin 2001 mai iyakance zango biyu. Ya ɗaukaka ƙara, aka kore ta cikin kwanaki. Bai koma gida ya zauna ba: ya shiga zanga-zanga a Dakar har ya ji rauni a ƙafa a watan Fabrairu, sannan ya zaga ƙasa yana yi wa Macky Sall kamfe a zagaye na biyu, wanda Sall ya ci ran 25 ga Maris da kusan kashi 66.

Nura Gwallaga:
Anti Barista, kin kawo ni inda nake so. Afrilu 2012 ministan al'adu da yawon buɗe ido. Satumba 2013 an sauke shi, an mayar da shi mai ba shugaba shawara da muƙamin minista. Sai Maris 2021, aka kama ɗan adawa Ousmane Sonko, gari ya kama da wuta, aka kashe mutum fiye da goma. Matasa suka je suka far wa ginin gidan rediyonsa, don a idonsu ya zama na gwamnati. Mutumin da ya ji rauni yana hana zango na uku, ina muryarsa a shekarun da ake harbin yara a titi?

Barista Hauwa, Fadaman Mada:
Wannan tuhumar tana da nauyi, ba zan kare shi a kanta ba. Abin da zan ƙara don lissafi ya cika: da Sall ya ɗage zaɓen 25 ga Fabrairu 2024, Youssou ya fito fili ya ce bai yarda da ɗagewar ba. Majalisar Tsarin Mulkin ta soke ɗagewar, aka yi zaɓe ran 24 ga Maris, Bassirou Diomaye Faye ya ci. Za ka iya cewa ya makara, kuma a lokacin da ya yi maganar kusan kowa ya riga ya yi.

Nura Gwallaga:
Na ce ya makara.

Malam Bala Kobi:
Ka ce. Amma da farko cewa ka yi bai taɓa zama ɗan gwagwarmaya ba sai don aljihu, yanzu kana cewa ya yi ya bari. Ba magana ɗaya ba ce.

Maryam Jahun:
Iyayena, ku gafarce ni, tambayata ƙarama ce. Islamiyyar unguwarmu na shirin Maulidi, wasu na so a sa waƙar Shehu Ibrahim ɗin a lasifika kafin a fara karatu. Ya dace?

Alaramma Sani Ilela:
'Yata, hukuncin kiɗa ki kai wa malamin makarantarku, shi ya san mazhabar da yake tafiya a kai, ba a nan za a yanke ba. Abin da zan ce na tsari ne. Waƙar da Wolof take, kada a sa wa yara abin da ba wanda ya san me yake cewa. A nemi wanda ya zauna Kaulaha ya ji harshen, ba su da wuyar samu a zawiyoyin garin nan, ya saurara ya faɗa muku ma'anar baiti-baiti. In an amince, a ciro ita kaɗai a sa a waya daban, kada a kunna faifan ya yi ta tafiya har ya kai waƙar da Baffa ya yi magana a kai. A sa ta lokacin da jama'a ke taruwa ana shimfiɗa tabarmi, a kashe kafin a buɗe da addu'a. In lokacin Ishiriniya da Diwani ya yi, a ba ɗaliban makirfo su rera da bakinsu.